Beben Fim Ya Fi Ku Iya Gulma

To, Alhaji, saki fuskar. Tun daga nan nake hango ka a kasuwar dabbobi ta Tanghin, nan Wagadugu, ka jingina da turke, an karanta maka kan maganar, ka ce lalle mutumin nan aikin yi ya ƙare masa. Rago ya yi tsada, hanyar Jibo da ta Dori sun ƙi daɗi, shi kuwa ya rasa abin da zai ɗauko sai fim ɗin da ba ya magana, na bikin 'yancin wata ƙasa wai ita Meziko. Allah gafarta Malam yana gefe yana jan carbi da ƙarfi, alamar shi ma bai yarda ba. Hajiya ta ce in dai babu waƙa a ciki a kai kasuwa. Samarin da ke dafa shayi a bakin madatsar ruwa kuwa ko kai ba su ɗaga daga waya ba, ɗayansu ma cewa ya yi fim in babu sauti ai lalacewa ya yi, a mayar wa mai shi.

Na ji duka. Amma tunda ku kuka tsokano, sai ku zauna a ƙarasa. Maganata ɗaya ce: beben fim ɗin nan ya fi kowannenku iya gulma, kuma kun san a unguwar nan wannan ba ƙaramin yabo ba ne.

A 1896 wasu Faransawa biyu, Gabriel Veyre da abokin tafiyarsa Bon Bernard, suka sauka birnin Meziko ɗauke da na'urar 'yan'uwan nan Lumière, wadda ko shekara ba ta cika da fara nuna wa jama'a hoto mai motsi a Paris ba. Ina kuke jin suka fara kai ta? Kasuwa? Haba. Ranar 6 ga Agusta suka haura fadar Chapultepec suka kunna wa shugaban ƙasa, Janar Porfirio Díaz, da iyalinsa. Janar ya gani ya yaba, ba a jima ba sai ga shi bisa doki yana kilisa a gaban na'urar. Wato tun ranar da kamara ta shiga ƙasar, fada ta fara zuwa ta faɗi ta yi gaisuwa. A watan Satumba na wannan shekara aka ɗauko ƙararrawar cocin garin Dolores, wadda malamin coci Miguel Hidalgo ya sa aka kaɗa a 1810 don kiran jama'a su tashi su kori Sifaniyawa, aka kawo ta babban birni aka rataye a fadar gwamnati. Faransawan suka ɗauki jerin gwanon. Ku lura da kyau: fim ɗin ƙararrawa ne, kuma babu wanda ya ji ƙararta. Kowane ɗauka bai cika minti ɗaya ba, don zaren fim ɗin mita 17 ne kacal, in ya ƙare ya ƙare.

Babban shagalin sai a 1910, da aka cika shekara ɗari da kiran Hidalgo. Lokacin Díaz ya haura shekara 30 yana juya ƙasar, shekarunsa na haihuwa 80 cif, kuma ranar haihuwar tasa 15 ga Satumba ce, jajiberin ranar 'yanci, sai biki biyu suka zama ɗaya. Wata guda cur ana abu ɗaya. Tawagogi suka zo daga ƙasashen duniya. Aka buɗe dogon ginshiƙin nan mai mutum-mutumin zinariya a kansa, wanda har gobe shi ne alamar birnin. Aka yi jerin gwanon tarihi, aka sa wa wani kayan Moctezuma sarkin Aztek, aka sa wa wani na Cortés wanda ya ci shi da yaƙi. Abin da aka fara buɗewa ranar 1 ga wata kuwa, sabon asibitin masu taɓin hankali ne. Ni ban ce komai ba. Masu kamara na ƙasar, irin su Salvador Toscano da 'yan'uwan nan Alva, suka bi bikin rana-rana suna ɗauka, a haɗa a jere yadda abin ya gudana, a sa ɗan allon rubutu mai faɗin wuri da abin da ake yi, a kai gidan sinima mutane su biya su kalli abin da suka gani da idonsu shekaranjiya.

Mu muna cewa ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Su sun gwada. Hukuma ta sa a kwashe mabarata daga manyan tituna, ta kuma matsa wa talakan ƙauye cewa farin wandonsa na ƙyallen auduga bai dace da idon baƙi ba, in zai shigo tsakiyar gari ya nemi wando irin na Turawa. Francisco Madero, wanda ya yi ƙarfin halin tsayawa takara da Janar a zaɓen wannan shekara, yana can San Luis Potosí a hannun hukuma, an hana shi barin garin. Wata biyu bayan an naɗe tabarmar biki, ranar 20 ga Nuwamba, tawaye ya tashi. Kafin ƙarshen Mayun 1911 Díaz ya ajiye mulki ya shiga jirgin ruwa, a Paris ya mutu a 1915. Masu kamarar da suka ɗauki karusarsa kuwa ko a jikinsu, suka juya ƙafar kamara suka ɗauki Madero yana shigowa birni cikin tafi. In kiɗa ya canza, ai rawa ma sai ta canza.

Alhaji ya ce to duk wannan labari ne, a baki ma ana iya ba da shi, ina gulmar?

Kai da ba ka sayen rago don ƙahonsa, sai ka buɗe baki ka duba haƙora, ka shafa gadon baya, yaya za ka kalli fim ɗin biki ka tsaya a kan shugaban ƙasa? Shi ai ƙahon ne. A tsakiyar hoton za ka ga abin da aka biya kuɗi a ɗauka: karusai, dogayen huluna, ƙirji cike da lambobi, sojoji da kwalkwali mai tsini irin na Jamus. Kau da idonka daga nan, kai shi gefe, can dab da inda hoton ya yanke. A irin waɗannan finafinai nan ne za ka tarar da yaron da ya ba shugaban ƙasa baya ya ƙura wa kamara ido baki buɗe, don shi akwatin mai hannu ya fi ba shi mamaki. Nan ne ɗan sanda yake tura mutane baya. Nan ne ƙafafu marasa takalmi, da manyan malafuna, da wanda ya hau bishiya, da karen da ya ratsa gaban fareti bai san da zaman Janar ba. Babu wanda ya gayyace su, kuma babu yadda mai ɗauka zai yi da su. Akwatin katako ne mai nauyi bisa ƙafa uku, ba ya jawo fuska kusa, ba ya bin mutum da gudu. Mai shi yana tsaye yana murza hannu, zagaye biyu a daƙiƙa, hoto wajen 16 ke nan, duk abin da ya gifta ya shiga. Shi ya sa, ku samari, kuke ganin mutanen dā suna tafiya sauri-sauri kuna dariya. Tafiyarsu lafiya lau take. An ɗauke su a 16, ku kuna kallo a 24 ko fiye, laifin na'urarku ne.

Wanda ya ba da kwangilar yana so a ga girmansa. Fim ɗin ya nuna girman, ya kuma ƙyafta ido ya nuna wanda ake takewa don girman ya fito. Ku gaya mini wane magulmaci ne a cikinku ya iya wannan ba tare da ya buɗe baki ba.

"Mun ji, amma me ya shafe mu da Meziko?" Dama jira nake ku tambaya.

A makon farko na Agustan 1960 ƙasashe huɗu na ƙawancen Antant suka karɓi 'yanci a jere, kwana bibbiyu tsakani: Dahome ranar 1, Nijar ranar 3, ƙasarmu, da ake kira Haute-Volta a lokacin, ranar 5, Kodibuwa ranar 7. Hubert Maga, Diori Hamani, Maurice Yaméogo, Houphouët-Boigny. An ɗauki waɗannan bukukuwa a fim mai suna À minuit l'indépendance, domin da tsakar dare aka riƙa shelanta 'yancin, kuma shi ake lissafawa a farkon tarihin sinimar ƙasar nan. Wa ke riƙe da kamara? Bafaranshe, Serge Ricci. Kada ku yi tsaki tukuna, da dalili. Tun 1934 akwai dokar Laval, wadda ta ce ba mai ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da ke hannun Faransa sai da izinin gwamna, bayan an duba abin da zai ɗauka. René Vautier, saurayi Bafaranshe, ya karya ta ya yi Afrique 50, ya nuna aikin tilas da ƙauyukan da aka ƙona, sai da ya sha ɗauri, fim ɗin kuma aka haramta shi shekaru da dama. Paulin Vieyra da abokansa da suka so ɗaukar fim a gida ba a ba su izini ba, dole a bakin kogin Paris suka yi nasu a 1955. Saboda haka daren da aka ce mun zama masu kanmu, ba a bar mana ko mutum ɗaya da ya goge a wannan sana'a ba. Ɗakin wanke fim ma babu, sai an sa shi a jirgi zuwa Faransa. 'Yancin namu sai da ya je Paris aka wanke shi kafin ya dawo mu gan shi.

Kun ce ai na 1960 ba bebe ba ne, kun ji murya a ciki. Kun ji, amma muryar wa? Yawancin hotunan labarai na wannan zamani da ƙananan kamarori na milimita 16 ake ɗaukar su, masu wani da hannu, waɗanda in an wana sau ɗaya ba sa kai rabin minti, kuma ba sa kama sauti ko kaɗan. Daga baya ne, a cikin ɗaki, wani mai zaƙin murya yake karanta abin da aka rubuta masa, a ɗora badujala da tafi na ajiya. Fim ɗin bebe aka haife shi, aron baki aka yi masa. Ku gwada kashe sautin ku gani. Tutar Haute-Volta baƙi ce da fari da ja, don kogunan Volta uku, amma a hoto maras launi jan ya koma toka-toka. Sai idonku ya fara yawo, ya fara ƙirga waɗanda suke nan da waɗanda ba sa nan. Nazi Boni, ɗan adawa, yana gudun hijira a Mali. A Nijar an haramta jam'iyyar Sawaba tun 1959, Djibo Bakary yana waje, shi da ya riƙe gwamnatin ƙasar kafin Diori. Duk wani tsoho a zangon nan da ya taso daga Damagaram ko Maraɗi ya san me Sawaba take nufi a wurin direbobi da 'yan kasuwa, ya kuma san dalilin da ya sa wasu suka yi shiru a daren.

Sauran labarin kun fi ni saninsa. An kifar da Maga a 1963. Yaméogo ya ci zaɓen Oktoban 1965 da fiye da kashi 99 cikin 100, ya yi sabon aure, ya tafi cin amarci Brazil, ya dawo ya ce aljihun gwamnati ya bushe, a zaftare kashi 20 cikin 100 na albashin ma'aikata. Ranar 3 ga Janairun 1966 jama'ar Wagadugu suka cika fili, ƙungiyoyin ƙwadago a gaba, kafin dare ya raba ya sauka. Mutanen da ke gefen hoto a 1960 su ne suka shigo tsakiya. Wanda ya karɓa, Sangoulé Lamizana, Basamo ne, Yaméogo kuwa Bamoshe, kun kuma san Samo da Mosi abokan wasa ne. To wannan wasan ya ɗan yi nisa. Kwana goma sha biyu bayan nan aka kashe Tafawa Ɓalewa da Sardauna a Najeriya. Diori ya kai 1974. Houphouët kaɗai ya mutu a kan kujerarsa, a 1993. Allah gafarta Malam, fatawar hoto taka ce, ba zan shiga gonarka ba. Amma kai ne kullum bayan Asuba kake gaya mana mulki aro ne. Ga shi nan an ɗauka, mutum yana ɗaga hannu daga buɗaɗɗiyar mota, kai da ke kallo ka san saura shekara nawa, shi bai sani ba. Wa'azin da ya fi wannan sai dai naka.

'Yan'uwanmu na Kano da Zariya, na ji kuna cewa wannan matsalar mutanen Faranshi ce, ku naku da Hausa aka yi muku. Gaskiya ne, kuma nan ne ma abin ya fi armashi. Ku tambayi iyayenku labarin majigi. Mota ta taso daga Kaduna, ta tsaya a ƙofar fada bayan Magariba, a kafa farin ƙyalle, a ta da inji, gari ya fito kaf. A nuna yadda ake kashe sauro, a nuna Baban Larai da gonarsa, a nuna hawan daba na Kaduna na 1956 da aka yi wa Sarauniyar Ingila, a nuna Sardauna yana buɗe wannan yana aza harsashin wancan. A gefen ƙyallen akwai mai bayani da lasifika, ma'aikacin gwamnati, shi yake faɗa muku abin da kuke gani. In ya ce jama'a suna murna, to murna suke, ko da wanda ke gefen hoton hamma yake yi. In 'yan NEPU ba su fito a ƙyallen ba, ba zai ce muku ga inda suke ba. Gwani ne, ya iya ba da dariya, ya iya kirari, shi ya sa ba a lura. Ana cewa gani ya kori ji, amma a filin majigi ji ne yake jan gani da igiya.

Ba cewa nake beben fim waliyyi ne ba. Yana ƙarya, ƙaryarsa tana wurin da aka dasa ƙafar kamara. Wanda ya zaɓi a fuskanci rumfar manyan baƙi a ba unguwar talakawa baya ya riga ya gama rubuta labarin. Sai dai ƙaryar ido ba ta cika tsabta ba, kullum da ɗan abin da ya zubo ta gefe. Ƙaryar baki kuwa sumul take fitowa, an karanta an gyara an maimaita.

Wanda ya fi kowa gane wannan a yankinmu, a ganina, Mustapha Alassane ne na Nijar, mutumin da ya yi zamansa a Tawa yana zane da ƙere-ƙere. A 1966 ya fito da wani ɗan gajeren fim na zane mai motsi, Bon voyage Sim. Sim shugaban ƙasar kwaɗi ne, an gayyace shi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa. Ga jirgi, ga faretin girmamawa, ga badujala, ga gaisuwar manya, duk abin da ake nunawa a labaran gwamnati kafin a sa fim a sinima, sai dai kowa kwaɗo ne. Bai zagi kowa ba, bai ambaci sunan kowa ba. Ya dai kalli waɗancan hotunan biki har ya haddace su, ya sāke zana su yadda suke. A nan Wagadugu ya rasu a 2015. Da yawanku kun wuce ta dandalin 'yan fim sau dubu a kan babur ba ku taɓa jin sunansa ba, amma in na tambaye ku wanda ya ci wa Real Madrid ƙwallo jiya har da minti za ku faɗa.

Hajiya, na dawo gare ki. Kin ce abin duk na maza ne, sojoji da masu dogayen huluna, ina mata? A cikin hoton suna gefe, inda na ce a duba. A bayan hoton kuwa, ba don su ba da babu abin da za mu kalla. Gwangwanayen fim ɗin Salvador Toscano 'yarsa Carmen ce ta tattara, ta tsara, ta fitar da su a 1950 da sunan Memorias de un mexicano, shi ya sa har yau ake ganin karusar Díaz. A nan gida, makon sinima na farko da aka yi a Fabrairun 1969, wanda ya zama FESPACO, mace ce ta shugabanci kwamitinsa, Alimata Salembéré. Babbar kyautar bikin ma dokin Yennenga ne, gimbiyar da Mosi suke kira uwarsu. Da aka fara ba da ita a 1972, Oumarou Ganda na Nijar ne ya ɗauka da Le Wazzou polygame, labarin wani Alhaji da ya dawo daga Makka ya ce sai ya ƙara ta uku, gida ya kama da wuta. Alhaji, ina za ka? Zauna, ba da kai ake ba.

Ƙasar nan ta ɗauki sinima da gaske fiye da yadda kuke zato. A 1970, da kamfanonin Faransa biyu masu gidajen sinima suka rufe ƙofa kan rigimar kuɗin tikiti, gwamnatin Lamizana ta karɓe gidajen ta kafa kamfanin ƙasa. A 1989 aka kafa ma'ajiyar finafinan Afirka a Wagadugu. Ku da kuke zaune a garin da duk Afirka take kawo finafinanta ajiya, abin da kuka sani game da FESPACO shi ne cunkoson hanya da tsadar tsire.

Yanzu ku, 'yan shayi. Kun ce zamanin gwangwani ya wuce, kowa da kamara a aljihu, mai launi, mai sauti, ba sai an je Paris ba. Madalla. A 2008 aka soma zagayawa da bikin ranar ƙasa na 11 ga Disamba jiha-jiha, aka fara da Fada N'Gourma, a 2010 aka yi na cika shekara 50 da samun 'yanci a Bobo. Lokacin akwai waya mai kamara a hannun mutane da yawa. Wa ke da bidiyon Bobo a cikinku? Ɗaya wayarsa ta faɗa ruwa. Ɗaya an sace a kasuwa. Ɗaya katin ya ƙi buɗewa. Ɗaya wuri ya cika ya goge don ya sa waƙoƙi. Mutumin Meziko da akwatin katako ya aiko mana da bikinsa daga shekara fiye da ɗari, ku na shekara goma sha ya gagare ku.

Ba kuma don gwangwanin yana da sauƙin riƙo ba. Fim ɗin dā, har zuwa wajen 1950, da sinadarin naitiret ake yin sa, ɗan'uwan albarushi ne, in ya kama wuta ko ruwa ba ya kashe shi. Ranar 24 ga Maris 1982 babbar ma'ajiyar finafinai ta Meziko ta ƙone, dubban finafinai suka tafi. Wanda ya biyo bayansa ba ya ci da wuta haka, amma zafi da laima suna cin sa a hankali. Ka buɗe gwangwanin wari mai tsami ya buge ka, zaren ya lanƙwashe, ya manne, hoton ya dusashe. Mu kuma namu ruwa ne ya same shi. Ba sai na tuna wa mutumin Tanghin ranar 1 ga Satumban 2009 ba, ranar da sama ta zubo da fiye da milimita 260 tun daga asuba, madatsun ruwa suka tumbatsa, gidajen ƙasa suka narke, har babban asibitin Yalgado sai da aka kwashe marasa lafiya. Ruwan nan ya shiga ma'ajiyar finafinan, ya bar gwangwanaye cikin taɓo, ma'aikata suka yi ta wankewa suna shanyawa ɗaya bayan ɗaya. Masu wannan aiki ba a sa musu jar darduma.

Abin da ya fi ci mini rai kuwa, kuma nan ba wasa nake ba, Zangouettin ne. Tsohon zangon Hausawan Wagadugu, a tsakiyar gari, inda kakannin da yawa daga cikinmu suka sauke kaya: fatake, mahauta, wanzamai, malaman allo, masu goro. A 2003 aka rushe shi da unguwannin da ke kewaye da shi don aikin ZACA, aka watsa mutanensa, wasu Ouaga 2000, wasu Nioko, wasu duk inda suka samu. Yau in yaro ya tambaye ka yadda lungun gidanku yake, da faɗin zauren, da inda mai kilishi yake shanya nama, da hannu za ka kwatanta masa a iska. Da a ce wani ya dasa kamara a bakin masallaci ranar wata Juma'a ya bar ta minti uku, ko da bebiya ce, da yanzu mutane suna layi su nuna kakansu da yatsa. Kamarar hukuma ba ta zuwa zango sai in minista zai wuce, shi ya sa in za mu nemi kanmu a tsofaffin hotuna sai dai a gefen faretin wani: farar hula can a baya, tiren mai goro, rabin rawani da hoton ya yanke.

Tanghin ma canzawa take yi a gabanku. Wanda ya bar garin kafin a buɗe gadar sama ta arewa a 2018, in ya dawo yau sai ya nemi mai nuna masa hanya. Saboda haka ɗana, kai mai cewa a mayar wa mai shi, ga aiki. Jajiberin Layya ka je kasuwar dabbobi, ka nemi inda za ka jingina wayar, a kwance ba a tsaye ba, ka bar ta ta yi minti uku ba ka taɓa ta ba. Kada ka bi ragon da ya fi girma. Kada ka ɗora waƙa. Kada ka juyo da ita ka nuna mana haƙoranka, mun san su. Ka yi haka a lambunan bakin ruwa da safe lokacin da mata suke yankar latas, ka yi a wurin mai tsire da dare, ka yi a ƙofar makarantar allo. Ka rubuta rana da wuri. Ka ajiye a wuri biyu, ɗaya ba a cikin wayar ba. In ka gama, tunda Meziko ta nuna wa ya iya ajiya, ka damƙa wa 'yarka.

Au. Sai ka yi auren tukuna.